Ƙarangiya a Gefen Kwat

Ba zan taɓa mantawa da ranar da aka nuna ni a silima a gaban mutanen garinmu ba, ko da yake na yi ƙoƙarin mantawar, Allah ya sani. Yawancin waɗanda suka zauna a bencin lakwal ɗin nan, makarantar garinmu, sun riga mu gidan gaskiya, amma har yau in na ji ƙarar injin wuta da la'asar sai gabana ya faɗi.

A ranin da ya biyo bayan babban farin tamanin da huɗu abin ya fara. Na gama jami'a a Yamai, aka turo ni Tanut, biron kumandan, wato ofishin mai mulkin yankin, inda aikina shi ne rubuta rahoton da ban tabbata akwai mai karantawa ba. Ina da kwat ɗaya da karabat biyu na ɗaurawa a wuya, kuma ina sa su ko da rana za ta narka mutum. A lokacin gani nake in na cire kwat ɗin, karatun ma zai bi shi.

Wata safiya kumandan ya kira ni. Ya ce ga baƙuwa daga Kanada da takardar izini, mai ɗaukar fim ce, tana so ta zauna a wani ƙauye a kwarin Tarka.

"Kai ɗan can ne," in ji shi. "Kai ta garinku, ka yi mata tafinta. Ka kula, kada a ɗauki abin da zai ba mu kunya."

Na rubuta wannan magana ta ƙarshe a littafina, na ja mata layi biyu.

Ba zan rubuta sunanta na gaskiya ba, don ban nemi izini ba, kuma yanzu babu wadda zan nema a wurinta. Mutanenmu Madam Tukuna suka sa mata, saboda ita ce kalmar Hausa ta farko da ta kama, kuma da ita take amsa kowa. Mace ce mai furfura, ta haura hamsin, da ƙaton takalmi irin na maza. Tare take da wani mutum shiru-shiru mai riƙe injin ɗaukar murya. Faransanci ne harshenta na uwa, amma irin na ƙasarsu, Kebek, wanda a kunnena ya yi kama da na mai mura. (Sau biyu ina gyara mata lafazi tsakanin Tanut da Belbeji. Ta yi godiya duka sau biyun. Wannan ma abin kunya ne, amma ƙarami, bari mu wuce.)

A motar ta ba ni labarin aikinta, gwargwadon abin da na tambaya. 'Yar manoma ce. Ta yi wa hukuma aikin fim na wasu shekaru, sai ta bari, don ta gaji da a rubuta wa mutane abin da za su faɗa. Daga nan ta koma tana yi da kanta, babu kamfani, babu 'yan wasa. Tsofaffin ƙauyukan ƙasarsu ta yi ta ɗauka, masu su da masu saran itace, suna magana da harshensu wanda 'yan birni suke yi wa dariya. Ta ce ƙa'idojinta biyu ne. Ba ta ɗaga kamara sai mutane sun gaji da kallonta. Kuma in ta gama fim, waɗanda ke cikinsa su za su fara gani, wanda ya ce a cire shi, a cire shi.

Na ce mata hakan yana da kyau ƙwarai, a ƙa'idance. A zuciyata kuwa ina lissafin yadda zan yi da Inna.

Babana ya rasu tun ina aji uku. Inna ce ta rage, da jikoki huɗu na ƙanwata da mijinta ya tafi cin rani bai aiko da labari ba. Ni ne ɗan farinta, kuma ban taɓa ganin macen da ta riƙe kunyar ɗan fari kamar Inna ba. Ba ta taɓa kiran sunana ba. In na shigo ta wannan ƙofa, sai ta tuna tana da aiki a bayan ɗaki. In dole sai ta yi mini magana, bango take kallo ta ce, "A ce wa wancan ga ruwa." Tun da na yi wayo ban tuna ta taɓa ni a gaban mutane ba. Ban ɗauki hakan ƙiyayya ba, haka uwaye suke yi a wurinmu.

Na san kuma abin da take ci. Hatsin da na aika mata ta raba shi gida uku tun kafin buhun ya huta a ƙasa. Kamar sauran matan gari, ta koma ga anza, 'ya'yan itacen jejin nan masu ɗacin tsiya, waɗanda sai an jiƙa su kwana da kwanaki, ana sauya ruwa kullum, kafin su ciyu. To, mai lisansi, wato digirin jami'a, ma'aikacin biron kumandan, a ce uwarsa anza take ci, a ɗauka a kai Kanada? Da Madam ta tambaye ni iyayena, sai na ji bakina ya ce mahaifina ya rasu, mahaifiyata kuma, ina jin, ta ɗan yi tafiya wajen dangi.

Abin da ya fi ba ni haushi yanzu shi ne ƙaryar ba ta buƙaci komai daga wurina ba. Na sauka gidan mushen lakwal, wato malamin makaranta. Inna ba za ta zo inda nake ba, ba za ta nuna ni ta ce nata ba. Kunyarta ce ta yi mini gadin ƙaryata.

Mutum ɗaya na nemi taimakonsa, Kawu Mamman, wan Inna, tsohon soja mai Faransancin bariki da ƙafa ɗaya mai ja. Na roƙe shi ya gaya mata, cikin dabara, in zai yiwu, ta ɗan dakata da zuwa rijiya da ƙwaryar anza har baƙi su tafi.

Ya dube ni daga takalmi har karabat.

"Mushe," in ji shi (haka yake kirana in zai ci mini fuska), "anza ba ta san baƙo ba. In ba a sauya mata ruwa yau ba, gobe yara ɗaci za su ci. Ko kwat ɗin za ka jiƙa musu?"

Na ce ba haka nake nufi ba. Ya ce ya san abin da nake nufi.

Kwana tara Madam Tukuna ba ta ɗauki komai ba. Da safe ta je rijiya ta zauna a kan kututture, tana kallon mata da Buzaye da Fulanin da suka sauka kusa da mu da 'yan dabbobin da suka rage musu. Ni kuwa ina ta shirya mata abin ɗauka. Na sa an share ƙofar gidan mai gari. Na ari turmi da damin gero ɗaya, na sa mata uku suka yi ado za su yi daka. Ta zo ta gaishe su, ta yaba zannuwansu, ta ce, "Tukuna." Kullum da yamma ina rubuta wa kumandan cewa aiki yana tafiya daidai, bisa ga dukkan alamu.

Rana ta goma, da hantsi, ta ɗaga kamara. Na tsaya gefe ina murna, har na ga inda ta dosa. Can bayan kwamin shayar da dabbobi wata tsohuwa ce tsugune da babbar ƙwarya, tana tsiyaye ruwan anza ta tsakanin yatsunta, a hankali, ba ta bari ko ƙwaya ɗaya ta bi ruwa. Inna ce.

Ban san lokacin da na yanka ta cikin ciyawa a guje ba. Na sha gaban kamarar, na ba Inna baya, na buɗe hannuwa kamar mai tare awaki. Na yi jawabi da Faransanci mai kyau, irin na jami'a. Na ce wannan ba kowa ba ce, wata tsohuwa ce kawai ta gari, kuma a iya sanina ba ta wakiltar yadda jama'a suke rayuwa, zai fi dacewa mu koma wajen masu daka. Na yi ta magana. Madam kuwa idonta yana cikin kamara. Ni a zatona in mutum ya tare gaba, ai shi ke nan, ba abin da ake ɗauka. Da na gama na waiwaya, Inna ta rufe ƙwaryarta da faifai, ta ɗora a ka, ta yi nisa.

Bayan sati uku baƙi suka tafi. Na shiga gida na yi sallama da bangon ɗakin Inna, bangon ya ce Allah ya kiyaye hanya. A kakar shekara mai zuwa, bayan an samu ruwa, gero ya yi, Inna ta kwanta ciwon kwana shida ta rasu. Saƙo ya same ni a Tanut bayan an rufe ta. Ba ta taɓa tsayawa gaban mai hoto ba, don haka ba ta bar hoto ko ɗaya ba. Wata biyu bayan nan na lura in na rufe ido ina ganin zanenta, ina ganin bayanta tana shiga bayan ɗaki, amma fuskar ba ta zuwa sosai. Wataƙila don ban cika ganinta ba ne tun can.

Shekara uku da tafiyar baƙin sai ga wasiƙar Madam Tukuna, fim ya kammala, tana tafe ta nuna wa masu shi. Gaskiya ban zaci za ta dawo ba. Masu ɗaukar hoto da yawa sun ratsa ƙasarmu ta Damargu a shekarun nan, ba mu sake jin ɗuriyar ko ɗaya ba.

Da ta sauka daga mota ta riƙe hannuna ta ce akwai wani wuri a fim ɗin da take so in fara gani ni kaɗai. Sau uku tana faɗa mini a kwana biyu. Ni kuwa ina fama da muhimman abubuwa. Takardar izinin taro ba a buga mata hatimi ba, sai da na koma Belbeji. Ba a san wanda zai zauna gaba ba tsakanin mai gari da liman. Tagogin ajin suna buƙatar tabarmi don a tare haske. Na ce mata in an samu sarari, wataƙila, za mu duba. Na tabbata ba abin damuwa ba ne, don na san iyakar abin da ta ɗauka, ko kuwa haka na zata.

Bayan la'asar aji ya cika, maza a benci, mata a ƙasa ta baya, wasu a ƙofa. Aka tada inji. Na tsaya gefen farin ƙyallen da aka rataya, cikin kwat ɗin nan dai, don in fassara wuraren da aka yi Faransanci.

Ban taɓa ganin taro irin wannan ba. Da farko dariya aka yi ta yi, kowa yana nuna kowa. "Kai, Illa, ashe haka kunnenka yake." Sai aka fara ganin waɗanda babu su. Wani Bafillace da ya rasu a hanyar kudu ya fito yana shafa wuyan saniyarsa ta ƙarshe. Wata mata ta ga 'yarta tana tafiya da ƙafafunta, ta miƙa hannu wajen ƙyallen. Dariya ta ragu, sai salati ƙasa-ƙasa. Babu kiɗa a fim ɗin, babu mai bayani. Mutanenmu ne kawai, da muryoyinsu, da ƙarar guga.

Sai ga hannuwa biyu cikin ƙwarya, ruwa yana bi ta tsakanin yatsu.

"Allah sarki, Habsu," in ji wata murya daga baya. Sunan Inna ke nan.

Kafin a ga fuskarta sai wani ƙaton abu mai ruwan toka ya faɗo ya cika ƙyallen. Ni ne. Gumi yana zuba, karabat ya karkace, hannuwa a buɗe. Muryata ta cika ajin da Faransanci, kowace kalma tsaf.

Na ji mai gari yana cewa, "Me aka ce a nan?"

Na ce, "A nan, ranka ya daɗe, ina ɗan bayani ne, a dunƙule, game da yanayin wurin."

"Mushe," in ji Kawu Mamman daga benci na biyu, ba tare da ya ɗaga murya ba. "Fassara, ko in fassara."

Ban iya ba. Shi ya fassara. Ya ce, "Cewa ya yi wannan ba kowa ba ce. Wata tsohuwa ce kawai."

Da an yi mini ihu, ko an zage ni, ina jin da na fi samun sauƙi. Inji kawai ke ta ƙara a waje.

Kuma fim ɗin bai tsaya ba. A nan na ga abin da ban gani ba ranar, don na ba shi baya. Ta saman kafaɗata, daga gefe, ga fuskar Inna. Ta ɗago tana kallon ƙeyata. Kallo take yi sosai, ba sauri, irin wanda ba ta taɓa yi mini ina gani ba. Babu fushi a fuskar. Sai idonta ya sauka ƙasa, kamarar ma ta ɗan sauka. Gudun da na yi cikin ciyawa ya sa ƙarangiya ta manne mini a gefen kwat. Inna ta goge jiƙaƙƙen hannunta a zane, ta miƙo yatsu biyu, ta fara cire ta ɗaya bayan ɗaya, a hankali yadda ba zan ji ba. Ni ina sama ina cewa ba ta wakiltar kowa, ita tana ƙasa tana tsince mini ƙaya. Ta cire guda bakwai (na ƙirga daga baya, sau da yawa). Da ta gama ta shafa gefen kwat ɗin ya kwanta, ta rufe ƙwaryarta.

Ban san yadda aka ƙare ba. Na dai san na samu kaina a bayan aji, zaune a ƙasa, da kwat ɗin da komai.

Madam ta zo ta zauna kusa da ni. Na tambaye ta wa ya gaya mata. Ta ce ba wanda ya gaya mata, a teburin haɗa fim ta gani. "Ba wadda take yi wa baƙo haka," in ji ta. Sai ta tuna mini da ƙa'idarta. Ba a nuna fim ɗin a ko'ina ba tukuna. In na ce a cire, za ta cire, kuma za ta ƙona wannan yankin in ina so, ba wanda zai ƙara gani.

Na yi tambayar da ta dace da mutum irina. Na ce ko akwai wata hanya, ta fasaha, da za a cire ni a bar Inna?

Ta girgiza kai. Ta ce ni ne na cika hoton. Inna a kafaɗata take, da gefen rigata. Babu wani wuri a duk abin da ta ɗauka da fuskarta ta fito sai nan.

Na ce zan so a ba ni lokaci in yi nazari. Kawu Mamman, wanda ban san ya ja ƙafarsa ya iso ba, ya ce, "Nazarin me? Kai in an yanke ka ba a yi asarar komai ba, muna ganinka kullum. Ita fa?" Ya juya yana gyara hula.

Na tuna kumandan, da layi biyun da na ja. Na tuna za a nuna shi a Yamai, inda abokan karatuna suke. Na tuna fuskar da na kasa tunawa shekara biyu, ga ta ta dawo, tana kallona.

Na ce, "A bar shi." Iyakar sanina, ita ce magana ta farko da na yi a rayuwata ba tare da na sa mata wataƙila ba.

Can Madam ta ce ta ɗauki tsofaffi sun fi a ƙirga, uwayen mutane da kakanninsu, amma tata uwar ba ta ɗauke ta ba. Na ce me ya hana? Ta ce, da Hausa, "Tukuna."

An nuna fim ɗin a wurare da yawa, har da Yamai. Wasu samarinmu da suka koyi aikin a hannunta sun riƙe ƙa'idarta, in sun ɗauki ƙauye sai sun koma sun nuna wa masu shi, kuma an ce malamai suna kafa misali da wannan wurin in suna koyar da cewa kada a yi saurin kashe kamara. Ban san ko in yi alfahari ba. Sau ɗaya a tashar Damagaram wani saurayi ya ƙura mini ido ya ce, "Baba, ba kai ne mai kwat ɗin nan ba?" Na ce ni ne. Sai ya ɗaukar mini jaka.

Madam Tukuna ta rasu da daɗewa. Kafin nan ta aiko mini da hoto ɗaya da ta ciro daga fim ɗin. Rabinsa kafaɗar kwat ce mai ruwan toka, ɗaya rabin Inna. Yana rataye a falona. 'Yata ta taɓa cewa a kai wa mai hoto ya datse kafaɗar, na hana.

Darasin da na koya ba babba ba ne, kuma ban tabbata zai amfani kowa ba. In za ka tsaya ka yi wa baƙo dogon bayani a kan mutanenka, ka fara waiwayawa ka ga wa ke bayanka da abin da take yi maka. Yanzu in baƙo ya shigo ya dubi hoton, ba na bari ya ƙarasa tambaya. "Uwata ce," nake cewa. In ya tambayi kafaɗar kuma, sai in ce wannan ba kowa ba ne.